Itace Ɗaya a Murhun Kaka

Kakata Hajjo ba ta fara tatsuniya sai ta rage wuta. Da an gama cin tuwo a gidanmu na ƙauye, can gefen Maraɗi, sai ta zare itatuwan murhu ta bar ɗaya tak, ta ja tabarma ta zauna inda hasken zai bugi kuncinta na hagu. Rabin fuska ja, rabi a duhu. Duk yaron da ya miƙa hannu zai ƙara kara, ya sha ludayi a yatsu.

"Ja'iri, wa ya aike ka? In ka haske ko'ina, me kuma za ka gani?"

Tatsuniyar da ta fi yi mana ita ce ta mai garin da ya tsani inuwarsa. Ya kafa doka kowane gida a hura wuta gaba da baya, dama da hagu, har inuwa ta ƙare a garin. Sai fuskoki suka baje kamar faifai, uwa ba ta gane ɗanta. Kura ta yafa zane ta shigo tana ɗibar awaki, ana yi mata sannu da zuwa. Wata tsohuwa ce kaɗai ta ƙi bin doka, ta bar itace ɗaya a zaurenta. Kura na leƙowa, inuwar kunnuwanta ta miƙe a bango, tsohuwa ta rarumi taɓarya.

"Kaka, aka yi mata kyauta?"

"Wace kyauta? Korar ta aka yi. Amma da akuyarta ta tafi."

Yanzu ni ma na manyanta, a Bronx nake, wata unguwa can ƙetaren teku, aikina kula da tsofaffi a gidajensu. Kamfani ya tura ni wurin wani dattijo mutumin ƙasar Makedoniya, wanda tun yana saurayi har furfura ta rufe shi yake bayan kyamara yana ɗaukar finafinai. Ba na jin yarensu. Amma ranar da aka sa mana wani tsohon fim ɗinsa, na ga mace tana kwaɓa fulawa kusa da taga, kunci ɗaya a haske, ɗaya a duhu, na san tana ɓoye kuka tun ba ta buɗe baki ba. Na ce a raina, wannan ai zaman Kaka ne.

Idonsa ya yi rauni, tunaninsa yana zuwa yana tafiya. 'Yarsa, don tsoron kada ya faɗi, ta sa aka jera fararen fitilu a rufin ɗaki, ta gaya wa kamfani ba a kashewa. Ba muguwa ba ce, tsoro ne. Amma dattijon, wanda nake kira Baba, ya koma runtse ido yini guda, kuma in ta zo sai ya tambaye ta ko ita ce sabuwar nas. Takan shiga kicin ta daɗe tana wanke kofin da na riga na wanke.

Ran nan da la'asar na kashe fitilun duka, na yaye labule ɗaya. Ina juya kujerarsa sai 'yar ta shigo.

"Rabi, wa ya ce ki kashe? Zan kira kamfani."

"Ki kira, 'yata. Amma zauna nan tukuna, taga a hagunki."

Ta zauna da waya a hannu, tana huci. Baba ya ɗaga hannu, ya yi mata alama ta karkata kaɗan. Ya sake, kaɗan. Ya daɗe yana kallo. Sannan ya kira sunanta, ya ce da Turanci, "Haɓar uwarki gare ki."

Duk da haka ta kira kamfani, don doka doka ce a ƙasar nan. An ja mini kunne, an ce in na sake za a canza mini gida. Na ce na ji.

Muna yara mun ɗauka Kaka rowar itace take yi. Sai da na tsallaka teku na gane cewa mai tsoro shi ke hura wuta ta ko'ina, kuma wanda ya ƙi ba a yi masa guɗa. Kullum la'asar ina kashe fitilun nan, ina tsaye a gefensa kada ya faɗi. Su canza ni in sun ga dama. Kafin su samo wata, dattijon zai ci gaba da sanin 'yarsa.