Ranar da Ƴan Kwano Ba Su Zo Fili Ba

Na daɗe ina juya wannan magana a raina kafin in ɗauki biro. Sau uku ina farawa ina yagewa. Karatuna bai wuce aji shida na lekkol, wato firamare, ba, kuma ni mutum ne mai tsoron faɗin abin da ban tabbatar ba. Amma ba wannan ne ya fi riƙe min hannu ba. Tsorona shi ne, idan na yi tambaya a bainar jama'a, wani zai iya ba ni amsar da ba na so in ji. Sai bana ɗana ya shiga ƙungiyar ƙwallon unguwa, ya dawo gida rannan ya ce wani dattijo a bakin fili ya tambaye shi ko shi ne jikan Isufu, kyaftin ɗin da ya sayar da final. Isufu mahaifina ne. Tun ranar na ce, ko me za ta haifar, sai na rubuta.

Ina ɗan shekara bakwai ya rasu, ciwo ya kama shi a wurin aikin hanya wajen In Ekker. Mahaifiyarmu ta koma wurin danginta a Damagaram, ni da ƙanwata Zuwaira muka zauna hannun kakarmu, Iya Delu, uwar mahaifina, a ɗaki ɗaya a unguwar Tahaggart, cikin garin Tamanrasset. Sana'arta sayar da shinkafa da wake ga magina a wuraren gini. Wanda ya san sanyin Tamanrasset ya san yadda yake saukowa daga duwatsu da zarar rana ta faɗi. Bayan isha'i sai ta hura gawayi a kasko, ta jawo faifan waken gobe tana tsincewa, mu kuma mu shige bargo ɗaya, ƙafafunmu wajen wuta.

Yaran maƙwabta ana yi musu tatsuniyar dabbobin dawa. Mu tatsuniyarmu ta ƙwallo ce. Iya ba ta taɓa sanin dokar wasan sosai ba, amma ita ta wanke rigunan ƙungiyar mahaifina shekara shida, ta kuma san kowane ɗan wasa da girman cikinsa.

"Ga ta nan tana gangarowa, wa zai tare?" haka take farawa.

"Mu tare ta, Iya!"

Ƙungiyar magina ce da leburori, yawancinsu ƴan Damagaram da Maraɗi. Ana ce musu Ƴan Kwano, saboda kwanon da suke ɗaukar kwaɓaɓɓen siminti da shi a ka. Kowace shekara lokacin sanyi ana yin gasa tsakanin unguwanni da masu sana'a. Da farko kowa ya buga da kowa, daga nan a shiga wasan da wanda aka ci zai tafi gida, har a kai ga final. Iya ba ta ƙirga shekaru da lamba. Kowace shekara suna ta ba ta, kuma dare ɗaya shekara ɗaya, ba ta ƙarawa ko mun yi kuka.

Ta farko ita ce shekarar rigar buhu. Ba su da riguna, sai ta yanka buhunan fulawa ta ɗinka musu, rubutun buhun yana nan a gadon bayansu. Kowa ya ci su. "Har manoman ƙauyen Tit," in ji ta, "waɗanda suka zo fili a bayan motar tumatir." Ta biyu shekarar takalmi ce, da suka haɗa hannu suka sayi takalman roba, suka ci wasa biyu, suka yi ta murna kamar an ba su garin. A ta uku suka fita daga rukuni karo na farko, aka kore su a wasa na gaba da bugun fenariti. Nan Iya takan ajiye faifai ta kwaikwayi mai tsaron gidansu, Sani Dogo, yadda ya faɗi dama ƙwallo ta bi hagu.

"Dogon banza! Tsawon nan duk a tuwo ya ƙare."

A ta huɗu suka kai final. Suka haɗu da Ƴan Gareji, ƙungiyar makanikai da direbobi, masu riguna na kanti da safa iri ɗaya. Aka ci Ƴan Kwano ɗaya, saura kaɗan a tashi. Ta ce mahaifina ya dawo gida, ya wanke takalminsa da kansa, ya rataye, ya ce, "Iya, baɗi."

Daren shekara ta biyar ni ba na son sa, kuma shi na fi roƙo. A lekkol yara suna kirana ɗan mai gudu. Sun ji a gidajensu.

A waccan shekarar babu wanda ya ci Ƴan Kwano tun daga farko. Suka sake kaiwa final, da Ƴan Gareji kuma, ranar Alhamis bayan la'asar. To a makon nan mahaifina yana da aikin zuba dal, wato rufin kankare, a gidan wani dattijo ɗan gari a nan Tahaggart, kuma duk ƴan wasansa su ne ma'aikatansa. Ranar Laraba aka shirya zubawa. An kafa katako, an ɗaure ƙarfe, motar ruwa ba ta zo ba. A lokacin ruwa a garin nan sai an jira. Sai da asubar Alhamis ta iso, mai injin kwaɓa siminti kuma ya ce in ba a yi yau ba zai tafi da injinsa wani gari, sai bayan wata. Mahaifina ya duba ya ga in sun fara da sassafe za su gama kafin azahar, su yi wanka, su ci abinci, su tafi fili.

Sun kai rabi injin ya mutu.

"Ya yi tari sau biyu kamar tsohon akuya, ya yi shiru," in ji Iya. Tana wurin da tukunyarta.

Sani Dogo ya ce a bar sauran sai gobe. Mahaifina ya ce dal ba a yi mata haka. In rabin farko ya bushe kafin a zuba na biyu, ba za su taɓa haɗuwa su zama abu ɗaya ba. Nan ruwa zai riƙa bi, nan ƙarfe zai yi tsatsa, wata rana nan za ta buɗe, kuma ƙarƙashin wurin ɗakin yara ne.

"Kyaftin, shekara biyar muna jiran yau!"

"Na sani, Sani. Ɗauki shebur."

"Mai gidan ma ba zai gane ba. In an yi shafe wa zai gani?"

"Ni zan gani."

Suka koma kwaɓawa da hannu, suna hawa tsani da kwano a ka. Da la'asar ta gabato, Sani Dogo ya jefar da shebur, mutum uku suka bi shi. Mutum huɗu ba sa yin ƙungiya. Alƙalin wasa ya jira, ya duba agogo, ya busa, aka miƙa wa Ƴan Gareji kofi ba tare da an taɓa ƙwallo ba. Can wurin gini kuwa saura mutum bakwai, siminti yana neman bushewa a hannunsu. Iya ta ce sai ta rufe tukunyarta, ta ɗaure zane, ta ɗora gammo.

"Uban naku ya ce, Iya sauka, za ki faɗi. Na ce yi min shiru, na ɗauke ka wata tara, kwano ne zai gagare ni?"

Ana kiran magariba suka zuba kwano na ƙarshe. Daga kan rufin suna jin ihun Ƴan Gareji da ƙahon motocinsu suna zagaya gari. Sai mahaifina ya zaro ƙusa daga aljihu, ya durƙusa a kusurwar gabas, ya zana filin ƙwallo a kan ɗanyen siminti, da layin tsakiya da raga biyu. Ya danna tafin hannunsa a wurin da yake bugawa, sauran shida kowa ya danna nasa a wurinsa. Raga ta zauna babu kowa. Ya ce, "Iya, yau ke ce mai tsaron gida." Ta danna nata.

A nan takan miƙo mana tafin hannunta kusa da wuta mu gani, kamar simintin yana nan.

Kafin mako ya zagayo magana ta canja. Ashe mai gidan kawun mai tsaron ragar Ƴan Gareji ne, wani kuma ya ce ya ga mahaifina yana shan shayi da shi daren Laraba. Wane magini ne ba ya shan shayi da mai gida? Amma haka aka haɗa, aka ce sayarwa ya yi. A shekara ta shida, wadda Iya ke kira shekarar kunnen ƙashi, ya sake tara mutane, da ƙyar suka cika. Ana yi musu ihu daga bakin fili, ana tambayarsu ko yau ma akwai dal. Duk da haka suka kai wasan kusa da na ƙarshe kafin a kore su. Ya sake rataye takalmi ya ce baɗi. Baɗin ne ya tafi In Ekker.

"Alƙali ya busa, kowa ya nemi bargonsa," haka take rufewa.

Ni kuwa tun ina yaro ba na barin magana ta kwanta. "Iya, rannan kin ce kwano ashirin kika ɗauka, yau kin ce arba'in."

"Kai dai mijin nan nawa ka cika bincike. Da kai aka ɗora wa kwanon da ka san ba a ƙirgawa."

Gaskiya ne labarinta yana motsi. Wani lokaci injin da hantsi ya mutu, wani lokaci da azahar. Zanen nan ne kawai bai taɓa canjawa ba: kusurwar gabas, hannu takwas, ƙarami ɗaya a raga. Sau ɗaya na matsa mata ta kai ni gidan. Lokacin idonta ya yi rauni, unguwa kuma ta cika da sababbin gine-gine. Muka yi ta yawo har ƙafarta ta kumbura. Ta ce ƙofar shuɗiya ce, kusa da wani ƙaramin masallaci. Ba mu same shi ba, kuma ba ta sake iya fita ba har Allah Ya karɓi abarsa.

Na girma na zama magini. Wata rana aka kira ni gyaran wani ɗaki, na ɗaga kai na ga layi ɗaya baƙi ya ratsa rufin daga bango zuwa bango, siminti yana zubowa, ƙarfe ya fito ja. Ban tambayi kowa ba na san abin da ya faru: wani ya tashi daga aiki ya ce sai gobe. Ƙarƙashin layin akwai katifar yara. Na tsaya na daɗe. Ranar na gane abin da mahaifina yake nufi da cewa shi zai gani. Har yau ba na fara dal sai na ga ruwa da idona, na kuma tanadi shebur ko da akwai inji. Ma'aikatana suna yi min dariya, ban damu ba.

Amma dole in faɗi gaskiya. Wannan ya nuna min hujjarsa daidai ce a aikin gini. Bai nuna min cewa haka abin ya faru ba. Iya uwa ce, kuma uwa tana iya gyara wa ɗanta labari don marayunsa su yi barci. Ba na so in gaya wa ɗana abin da ba ni da shaida a kansa, ba na kuma so in bar shi ya sunkuyar da kai a bakin fili kamar yadda na yi. Shekaru ina hawa rufin mutane a Tahaggart wajen aiki, kuma duk rufin da na hau sai na fara zuwa kusurwar gabas in share ƙura da ƙafa. Wasu an ɗora musu bene, wasu an shafe su da kwalta. Ban daina ba.

Don haka ina roƙon duk wanda ya karanta wannan. In gidanku a Tahaggart yake, kuma an zuba rufinsa a shekarun nan da ake jiran motar ruwa, don Allah ka hau ka duba kusurwar gabas. In kana cikin mutum shidan da suka tsaya tare da shi, ko ka san inda ɗayansu yake, a Agadas ne ko a Damagaram, ka aiko min da saƙo ta hannun maginan unguwar, kowa ya san Lawali ɗan Isufu. Sani Dogo, in kana raye, ba faɗa nake nema ba, ka gaya min abin da ka gani kafin ka ajiye shebur. Ko da abin da kuka sani ya saɓa wa na Iya, ku faɗa min, na shirya ji. In kuwa an ga zanen, kada a wanke shi, kada a shafe. Zan zo da yaron, ya sa hannunsa a wurin na kakansa.