Taki a Kofin Ruwa

Jiya aka kawo min buhun taki daga kasuwar Rano. Har na ɗebo ruwa a kofi kafin na tuna ɗabi'ar Yaya ce.

Shi ne mai tona asirin 'yan algus a talabijin. Shekarar da masarata ta tsumbure, ya zo har gona da kyamara, ya zuba takina a ruwa, ya kaɗa da yatsa. Yashi ya kwanta a gindin kofi.

"Ke mai idon shaho, aka sayar miki da rafi?" in ji shi.

Ban yi dariya ba. Ranar rasuwarsa ma hawaye bai zo ba.

Na kaɗa takin jiya, ya narke tas, amma ba wanda zan nuna wa. Allah Ya jiƙan Yaya, Ya sa a tarar da aikinsa ba yashi a ciki.