Birkin Gefen Malam

Cikin waɗanda suka koyi tuƙi a hannunsa, da wuya a samu wanda ya san sunansa na gaskiya. Malam Birki suke ce masa, shi ma ya gaji ya riƙa amsawa. Motar makarantar da yake koyarwa mai birki biyu ce, ɗaya a ƙarƙashin ƙafar ɗalibi, ɗaya a gefen malami, kuma Malam bai taɓa barin na gefensa ya yi tsatsa ba. Kare ya leƙo daga nesa, ya taka. Leda ta tashi a titi, ya taka. Ɗalibi ya yi atishawa ma sai ya taka. Da bakinsa yake faɗa cewa ya ƙare ƙuruciyarsa a cikin mota, amma rabinta a tsaye ya yi ta.

Ɗalibai suna zuwa, su yi 'yan watanni, su karɓi lasisi, su tafi. In sun wuce shi a titi su danna masa hon, shi ke nan. Ɗaliba ɗaya ce ta ƙi ƙarewa, ita ce matarsa. Tun autansu yana goye ta fara koyo, ga shi yanzu autan ya fi uban tsawo. Duk ƙarshen mako da yamma Malam zai aro motar makaranta, su tafi faffaɗan titin bayan masana'antu inda ba kowa. Ta ja, ya taka. Ta sake ja, ya sake takawa. In sun dawo ya ce, "Saura kaɗan, maman yara. Hannunki ya faɗa, ƙafar ce ba ta nuna ba."

Maganar gaskiya, gidan nan nasu kasuwa ce. Yara, 'ya'yan dangi, baƙi, talabijin da ba a kashewa. Mutum ba ya haɗa kalma biyu da matarsa ba tare da wani ya shigo neman cajar waya ba. A cikin motar nan kaɗai suke hira, a nan take ba shi labarin mutanen wurin ɗinkinta har ya yi dariya da hawaye. Malam ya san halin ɗalibi sarai, ranar da ka ce masa ya iya, ranar ka gama ganinsa. Tsoron wannan ranar yake ji, tsoro na gaske, kuma ko za a yanka shi ba zai faɗa ba.

Yana da wata al'ada ta aiki. Kullum da safe sai ya tara sababbin ɗalibai, ya zagaya motar yana haurin tayoyi ɗaya bayan ɗaya, wai direban kirki da ƙafa yake jin iskar taya. Ran nan yana tsakiyar bayani, fuska na wajen ɗalibai, ya ɗaga ƙafar dama ya kai hauri iya ƙarfinsa. Ba taya ya samu ba. Dutsen da shi da kansa ya tokare tayar da shi jiya ya samu, kuma silifas ne a ƙafarsa. Ɗaliban sun yi ta maza, ba wanda ya yi dariya sai da aka sa shi a mota.

A asibiti aka ce ƙashi ya tsage, aka naɗe ƙafar da farin siminti har ƙauri. Tambayar farko da Malam ya yi ba ta warkewa ba ce.

"Likita, zan iya tuƙi da ita?"

"A'a."

"Wace doka ce ta hana? Aikina ke nan, na san littafin dokokin hanya ciki da bai."

Likitar ta ajiye biro. "Baba, ni ba lauya ba ce. Amma a ce yanzu kana kan titi, yaro ya faɗo gabanka. Taka min birki a ƙasan nan, da ƙarfin da za ka taka."

Malam ya gyara zama, ya ɗan danna diddige a ƙasa. Salatin da ya saki sai da masu jira a waje suka leƙo.

"To ka ji," in ji ta. "In ka buge ɗan mutane da wannan ƙafar, me za ka faɗa wa alƙali? Me za ka faɗa wa uwarsa?"

Makaranta ta miƙa motar ga wani malami. Malam ya koma gida ya zauna a falo, ƙafa a kan matashi, yana kallon ta kamar baƙon da ya ƙi tafiya. Masu zuwa dubiya in sun tambayi yadda aka yi, sai ya ce dutse ne ya shigo gabansa ba sigina. Ƙarshen mako ya zo ya wuce, wani ma ya zo ya wuce, ba fita.

Ranar komawa asibiti ƙanin matarsa ya kawo musu aron motarsa, ya ajiye makulli ya ruga wurin aiki. Malam ya dogara sanda ya nufi gefen direba. A ransa ya riga ya tsara komai, ƙafar hagu ta riƙe kuloci da birki, sanda ta danna totur. Mutumin da ya hana ɗalibi tuƙi saboda takalminsa ya yi faɗi, yau shi ne zai tuƙa da sanda. Matar ta zare makullin daga hannunsa, ta buɗe masa ɗaya ƙofar.

Sai da ya zauna ya lura. Ƙarƙashin ƙafarsa ba komai, sai tabarmar roba da murfin kwalba. Babu birki a gefensa.

"Maman yara, a hankali. Madubi. Na ce madubi. Giya ta biyu ta ishe mu, ba sauri muke ba."

Ta fita layin, ta hau babban titi, ta shiga shataletale ta fita. Malam ya riƙe ƙofa da hannu biyu, bakinsa bai huta ba. Daf da wata mahaɗa wani mai keke ɗauke da katako ya yanko gabansu ba waiwaye. Jikin Malam bai yi shawara da shi ba. Ya ɗaga ƙafar simintin nan ya maka a ƙasan motar. Ya ga taurari da rana tsaka.

Da idonsa ya washe, motar tana tsaye lafiya lau, da tazara mai kyau tsakaninta da keken. Ko jakarta da ke kujerar baya ba ta zame ba. A duk ɗalibansa bai taɓa ganin tsayawa mai laushi irin wannan ba, shi kansa ba kullum yake yin ta ba.

"Sannu, Malam," ta ce. "Ajiye ƙafar, ai an tsaya tun ɗazu."

Likita ta duba ta ce Allah ya tsare, amma ta ƙara masa kwanakin zama, ta haɗa da faɗa. Bai ji rabin abin da ta ce ba. A hanyar komawa bai ce madubi ba, bai ce giya ba. Yana kallon hannunta a kan sitiyari, yana lissafin cewa shi ke nan, wannan ma ta gama, gobe sai dai ta danna masa hon. Baƙin cikin ya fi ciwon ƙafar nesa ba kusa ba.

Bai ankara ba sai ya ga ba hanyar gida ta ɗauka ba. Ta karya kwana ta bayan masana'antu. A tsakiyar titin da ko tsuntsu babu, ta ɗage ƙafa daga kuloci gaba ɗaya. Motar ta yi tsalle, ta yi tari, ta mutu.

Ta juyo ta dube shi, fuskar nan ba alamar wasa.

"Malam, ka ga ta mutu kuma. Ni fa ƙafar nan tawa har yanzu ba ta nuna ba."

Malam ya gane da gangan ta yi. Sai dariya ta ƙwace masa, irin wadda take zuwa da ruwan ido. Ya share fuska da hannun riga, ya gyara ƙafar siminti a kan tabarmar roba, ya yi gyaran murya.

"Ba komai, kowa da haka ya fara. Mayar da giya tsakiya, maman yara. Mu sake daga farko."