Ƙasar da Ƙarfe Ke Jin Busa

A shekarun da Libiya ta buɗe wa 'yan Afirka ƙofa, ina aikin walda a wani shago a can garin Jadid. Maigida ya riƙe mana fasfo, ba gaba ba baya.

Abokin aikina dattijo ne ɗan Damagaram, ƙarar guduma ta kusa kurmantar da shi. Da hutun azahar yakan ba ni labarin wata ƙasa da ya ƙago, inda maƙera ke da na'ura mai kama da algaita. In an busa siririyar murya ƙarfe ya lanƙwashe, in an busa kakkaura ya miƙe.

Wata rana na ce, "Baba, ta ina ake zuwa can?"

Ya kurɓi shayinsa. "Ban gano hanyar ba tukuna, ɗana."

Da na samu fita daga Libiya, a shagon na bar shi.