Janareton Surukin Yayata

Yayata ta taɓa buɗe shafin bogi a kafar sada zumunta, bai kuma kai la'asar ba aka gane ta.

Surukinta, mahaifin mijinta, yana da shagon atamfa a bakin Titin Koudoukou, ɗakinta kuma na bayan shagon. Janaretonsa a gindin tagarta yake. Duk sanda aka ɗauke wuta sai hayaƙi ya cika ɗakin, jaririnta ya yi ta tari. Mijinta ya tafi fatauci, ita kuwa kunya ba za ta bar ta ta tari tsohon da maganar ba.

Sai ta sayi sabon layi, ta buɗe shafi da hoton fure, ta shiga zauren 'yan unguwa a matsayin wata baƙuwa daga unguwar Miskine. Da Sango, yaren garin, ta rubuta kokenta a kan janareton, don kada Hausa ta tona ta. Ta miƙo mini wayar tana alfahari. Na karanta, na ga Baban bakin titi ta kira mai janareton.

Na ce, "Yaya, wane ne Baban bakin titi?"

Ta ce, "Kin san shi mana."

"To me ya sa ba ki rubuta sunansa ba?"

Ta zaro ido. "Sunan surukina? Ke, ba ki da kunya?"

A unguwarmu har 'yan acaɓa da sunansa suke kiransa. Mutum ɗaya ce ba ta iya furta shi, ko a baki ko a rubuce, wato surukarsa, domin ɗansa ɗaya ne ya yi aure. Kafin ta goge, wata ta amsa daga unguwar Kokoro: "Sannu baƙuwar Miskine, yaya tarin yaron?"

Yaya ta kasa cin abinci. Tana ganin ta kai ƙarar surukinta gaban duniya, ba ta san da wane ido za ta gaishe shi ba.

Gwaggonmu ce ta yafa mayafi ta tafi shagon, abin da ya kamata a yi tun farko. Ta dawo tana dariya. Ashe tsohon ba ya shiga zauren, bai ma san hayaƙin na shiga ɗakin ba. Kafin magariba an mayar da janareton bayan sito.

Da safe Yaya ta durƙusa gaishe shi, kanta a ƙasa. Maƙwabta sun riga sun ba shi labari. Ya karɓi jikansa ya ce, "Abokina, ka gaya wa baƙuwar nan ta Miskine, nan gaba ta aiko gwaggonta."