Layi Ɗaya Na Buga, Aka Kori Wani

Ni na lalata kwamfutar da ke sarrafa injin yankan alminiyam a masana'antar da na yi aiki a Doha, amma wani aka kora. Abin da zan gaya wa masu karanta wannan mujalla ke nan, kuma ba tausayi nake nema ba.

Ban yi boko ba. Rubutun Hausa ma da gemuna na koye shi, a ajin yaƙi da jahilci. Amma na yi shekaru a rumfar gyaran kwamfuta a Kano, tun ana yawo da faifan fulofi a aljihu. Maigidana ya koya mini aiki da wata tsohuwar manhaja da masu rubuta shirin kwamfuta ke farautar kuskure da ita, ana ce mata dibog. Baƙin allo ne kawai, da ɗan layi yana ƙyaftawa. Ka buga harafi ɗaya, ta zubo maka hanjin shiri, lambobi jere-jere. Ka buga wani, ka canza lamba. Ka buga na uku, ta rubuta a faifai, ba ta tambayarka ko ka tabbata. Ban iya Turanci ba, amma idona ya san lambobin nan kamar yadda mahauci ya san gaɓa. Dokar maigidana ɗaya ce, a kwafi faifai kafin a taɓa shi. Yakan ce wanda bai kwafa ba ya bar hannunsa a aljihu.

Da sana'ar ta mutu na zo Qatar a lebura, ina ɗaukar sandunan alminiyam. Injin yankan ya tsufa, kwamfutarsa ta fi shi tsufa, kamfanin da ya rubuta shirinta ya daɗe da rufewa. Mai kula da injin wani dattijo ne ɗan Zango daga Kumasi, ina ce masa Yaya. Shi ya nuna mini inda ake samun tuwo ranar Juma'a, shi ya koya mini in rufe baki idan foman ya fara faɗa. Sai shirin ya fara daskarewa ana tsakar aiki. Yaya ya kashe, ya kunna, foman na tsaye a kansa yana yalla yalla, wai a yi sauri. Manaja ya hana kowa taɓawa, ya ce injiniya zai zo daga waje. Watanni suka wuce ba injiniya. Yaya ya san tarihina, yakan tsokane ni da injiniyan ɗaukar ƙarfe, wai in da gaske nake, ga fili ga mai doki. Na ce masa aikin minti goma ne.

Ran nan da hutun rana, kowa ya tafi cin abinci, ni da Yaya muka shiga ɗakin kwamfutar. Dibog na nan a cikin kwamfutar. Ban daɗe ba na gano ciwon. Shirin yana neman wani ɗan makulli da ke soke a bayan kwamfutar, makullin ya gaji, in bai amsa ba sai komai ya tsaya. Lamba ɗaya zan canza shirin ya daina nemansa. Na canza, kuma daidai na yi, har gobe ina kan bakana. Sai dai babu faifan da zan kwafa a kai, hutu kuma saura kaɗan. Na ce wa kaina ai na wuce wannan matakin. Da na zo rubutawa, hannuna ya riga kaina. Ya buga layin da ya saba bugawa a rumfa idan muna gyaran kan faifai. Shirin ya hau kan farkon faifan, inda kwamfuta ke ajiye taswirar duk abin da ke cikinta. Muka kashe, muka kunna, ba ta tashi ba. Ma'aunan tagogin wasu gidaje a Aziziya duk suna ciki.

Yaya ya dube ni, ya ce in koma wurin ƙarfena kafin mutane su dawo. Da manaja ya tambaya, Yaya ya ce shi kaɗai ne a ɗakin. Ina tsaye da sanda a kafaɗa, na yi shiru. Zamana a ƙasar da aikin nan yake ɗaure, ga iyali a gida, hujjar da na riƙe ke nan. Kwana tara ina shiru, muna cin abinci a kwano ɗaya. Aka soke aikin Yaya, aka yankar masa tikitin komawa gida. Ana gobe zai tashi na shiga ofishin manaja na faɗi komai. Ya ce khalas, wato magana ta ƙare, takarda ta riga ta wuce. Ya ce da tun ranar farko na yi magana, da wani sashe za a mayar da dattijon. Ni ma ya sallame ni, ya ba ni lokaci in nemi wani kafil, wato ubangidan da zai tsaya mini a takardar zama.

Na raka Yaya filin jirgin Hamad, na nemi gafararsa. Ya ce kwamfutar laifinmu ne mu biyu, shi ya kira ni. Amma kwana taran nan nawa ne ni kaɗai. Ya ce shi ya ce in tafi, gaskiya ne, amma kullum yana jira ya ga na buɗe baki. Ya miƙa mini hannu, ya ja jakarsa ya shiga.

Masu sana'ar hannu, ku ji. Gwaninta ba ta hana kuskure, ƙara masa sauri take yi. Abin da ba ka da kwafinsa kada ka taɓa shi, ko da ka ga ciwon da idonka. In ka ɓata, ka faɗa a ranar, domin gaskiyar da ta makara ba ta ceton kowa. In wani ya rufa maka asiri da nasa abincin, kada ka karɓa.

Yanzu gadi nake yi a wani dogon bene a West Bay, awa goma sha biyu a tsaye. Duk Juma'a ina kiran Kumasi. Wani lokaci ya ɗauka, mu gaisa, ya tambayi iyali. Har yanzu bai sami aiki ba.