Ranar da Deoksu Ya Hango Hasumiyarsa

A garinmu Solgae kowane namiji masunci ne, ban da Pyo Deoksu. Da ya taka jirgi sai jiri ya kwashe shi. Da aka gina hasumiyar fitila a bakin teku, shi aka ba tsaronta. Shekara talatin da takwas yana goge gilashi yana kunna fitila, jiragenmu na dawowa lafiya, har ƙauyen ya zama gari mai kasuwa.

Ranar da ya ajiye aiki, amininsa Chilseong ya ce, "Tsoho, yau sai ka ga abin da muke gani."

"Ni da ruwa? Rufa mini asiri!"

Masunta suka ɗauke shi cak suka saka a jirgi. Da suka yi nisa ya buɗe ido, ya hango hasumiyar fara tas bisa dutse. Ya daɗe yana kallo da hawaye.

"Ashe haka take da kyau! Amma Chilseong, fentin gefen nan ya ɓare, ba wanda ya gaya mini?"

Washegari maza suka fito da bokitan fenti, mata suka ɗora miyar kifi.